Yadda Masar ta ari hukuncin Malikiyya don raba auren cutarwa

Masu cewa Turawa ne suka kawo 'yancin mace na neman alƙali ya raba aurenta da miji mai cutarwa ba su duba tarihin Masar ba. Kotunan ƙasar sun daɗe suna bin mazhabar Hanafiyya, wadda ba ta bai wa alƙali ikon raba aure don duka ko hana ci da sha ba. Da aka tashi gyara, wajen mazhabar Imamu Malik aka je, wadda alƙalan ƙasar Hausa suke hukunci da ita. Dokar 1920 ta ba da damar raba aure idan miji ya ƙi ciyarwa, ta 1929 kuma ta ƙara da cutarwa, tare da naɗa masu sulhu biyu idan matar ta sake kai ƙara ba tare da hujja ba.

Za a ce dokokin ba su share wa mata hawaye ba, kuma akwai gaskiya a nan, domin abin da ya faru a cikin ɗaki yana da wuyar samun shaidu, shari'a kan ɗauki shekaru. Amma wannan matsalar kafa hujja ce, haƙƙin kansa tabbatacce ne. Shi ya sa a 2000 aka ƙara da hul'i ta hannun kotu, sai dai matar ce ke mayar da sadaki, ta yafe ciyarwar idda, ko da ita aka zalunta.