Man fiya: Yadda ake haɗa abin shafa wa burodi a gida da ƙa'idojin ajiyarsa

Fiya, wadda wasu ke kira piya ko abokado, na cikin 'ya'yan itatuwa ƙalilan da maiƙo ya rinjayi zaƙi a cikinsu. Wannan ne ya sa idan ta nuna aka murje tsokarta take yin laushi da santsi har a shafa ta a kan burodi kamar bota. A gidajen da shayi da burodi suka zama karin kumallon yau da kullum, man fiya na iya maye gurbin botar gwangwani, ko ya rage yawan wadda ake ci. Sai dai haɗin yana saurin baƙi, yana kuma saurin lalacewa, don haka sanin ƙa'idojinsa kan hana asarar kuɗi da kuma ciwon ciki.

Asalin itaciyar

Sunan itaciyar a kimiyyance Persea americana, kuma asalinta daga ƙasar Meziko da yankin Amurka ta Tsakiya ne. Masu binciken kayan tarihi sun gano ragowar ƙwallayenta a wani kogo da ke kwarin Tehuacan a jihar Puebla ta Meziko, abin da ya nuna cewa mutane sun shafe dubban shekaru suna cin ta. Al'ummar Aztek suna kiran ta ahuacatl, daga nan Sifaniyawa suka samo aguacate. Baturen da ya fara bayaninta a rubuce shi ne Martin Fernandez de Enciso, a littafin da ya wallafa a 1519.

Kamanta ta da man shanu tsohon abu ne. Matuƙa jiragen ruwa na Ingila sun riƙa shafa ta a kan busasshen biskit a madadin bota, kuma har yau sunanta a Indiya da Sin yana nufin ɗan itacen man shanu.

Masana sun kasa fiya gida uku: ta Meziko, ta Guwatemala, da ta tsibiran Karebiyan. Nau'in da ya mamaye kasuwar duniya shi ne Hass, mai kaushin ɓawo wanda ke yin duhu idan ya nuna. Wani ma'aikacin gidan waya mai suna Rudolph Hass ne ya shuka itaciyarsa ta farko a jihar Kalifoniya a 1926, ya kuma yi mata rajistar mallaka a 1935. Meziko ce kan gaba wajen noman fiya a duniya, Kenya kuma na sahun gaba wajen fitar da ita daga Afirka. A Najeriya ana samun ta a jihohin kudu maso gabas da Kuros Riba da kuma wurare masu sanyi irin tsaunukan Filato da Mambila, daga nan ake kai ta manyan kasuwannin 'ya'yan itace kamar 'Yan Lemo a Kano da Zuba a Abuja. Mafi yawan wadda ake gani a faifan 'yan kasuwa babba ce mai sulɓin koren ɓawo, kuma ta fi Hass ruwa, ta gaza ta maiƙo.

Abin da ke cikinta

Bisa alƙaluman Ma'aikatar Noma ta Amurka, giram 100 na tsokar fiya na ɗauke da kalori 160, da maiƙo kusan giram 15, da harza kusan giram 7, da furotin giram 2, sukarinta kuwa bai kai giram ɗaya ba. Sinadarin fotasiyam da ke ciki ya kai miligiram 485, wato ya zarce miligiram 358 da ke cikin ayaba mai nauyi ɗaya. Akwai kuma bitamin E da K da sinadarin folet.

Bambancinta da bota yana ga irin maiƙon. Giram 100 na botar madara na da kalori 717 da maiƙo giram 81, wanda kusan giram 51 daga ciki daskararren kitse ne mai ɗaga mugun kolastarol a jini. A fiya irin wannan kitse bai wuce giram 2 da ɗoriya ba, yayin da kusan giram 10 maiƙo ne irin wanda ya yi yawa a man zaitun. Hukumar Lafiya ta Duniya na ba da shawarar kada daskararren kitse ya wuce kashi 10 cikin 100 na kuzarin da mutum ke samu daga abinci a rana, kada gishiri kuma ya kai giram 5. Wanda ya haɗa abin shafawarsa da hannunsa shi ke da iko da adadin duka biyun.

Zaɓen fiya da nunar da ita

Fiya ba ta nuna a kan itace. Sai an tsinke ta take fara laushi, ta hanyar iskar etilin da take fitarwa da kanta. Ana gane nunanniya idan aka riƙe ta a tafin hannu aka matsa a hankali sai ta ɗan loɓa. Danna ta da ɗan yatsa kan bar tabon da zai yi baƙi daga ciki, abin da ke jawo wa masu sayarwa asara. Koren nau'in da ya yawaita a Najeriya ba ya sauya launi sosai, saboda haka taɓawa ta fi kallo amfani.

Idan an sayo ɗanya, sai a saka ta cikin jakar takarda tare da nunanniyar ayaba, a ajiye a inuwa. Cikin kwana biyu zuwa biyar za ta yi laushi. Ba a saka ɗanya a firji, domin sanyi na dakatar da nunarta har ya ɓata tsokar. Wadda aka tsinke tun ba ta ƙosa ba kan yanƙwane ta yi kamar roba, ba ta taɓa yin santsin da ake buƙata. Hukumar NAFDAC ta sha gargaɗi kan nunar da 'ya'yan itace da kabad, don haka sayen ɗanya a nunar a gida ya fi kwanciyar hankali.

Haɗi na farko: fiya zalla

Ana buƙatar nunanniyar fiya babba guda ɗaya, ruwan lemun tsami babban cokali ɗaya, gishiri ɗan kaɗan da bai wuce rubu'in ƙaramin cokali ba, da masoro daidai bukata.

Da farko a wanke fiyar da ruwa mai tsabta a goge ta. A zagaya ta da wuƙa daga sama zuwa ƙasa, a murɗa ɓangarorin biyu su rabu, sannan a cire ƙwallon da cokali. Soka wuƙa cikin ƙwallon alhali fiyar na tafin hannu ya jikkata mutane da dama. A kwashe tsokar har zuwa jikin ɓawo, a yanke duk wurin da ya yi baƙi ko zare-zare. Nan take a zuba lemun tsamin, a murje da cokali mai yatsu har gudajin su baje, a sa gishiri da masoro. Idan nau'in mai ruwa ne, ƙaramin cokali ɗaya na man zaitun ko man gyaɗa mai kyau zai ƙara masa santsi.

Haɗi na biyu: fiya da bota

Wannan shi ne wanda ya fi dacewa da sunan man fiya, domin yana daskarewa a firji har a yanka shi. Ana haɗa giram 150 na tsokar fiya da giram 50 na bota marar gishiri, wato kashi uku da kashi ɗaya, da ruwan lemun tsami babban cokali ɗaya, da ƙwayar tafarnuwa ɗaya dakakkiya, da gishiri kaɗan.

A bar botar ta yi laushi da kanta ba tare da an ɗora ta a wuta ba, domin narkakkiyar bota kan rabu da fiyar idan haɗin ya huce. A buga ta da cokali har ta yi haske, a riƙa zuba murjajjiyar fiyar kaɗan-kaɗan ana juyawa. Mai injin markaɗe na iya zuba komai lokaci guda na kimanin minti ɗaya. Daga nan a zuba a roba mai murfi, ko a naɗe a takardar gashi kamar sanda, a sa a firji na awa uku ko huɗu.

A wannan ma'auni giram 100 na haɗin na da kalori kusan 300 da daskararren kitse kusan giram 14, ƙasa da sulusin abin da ke cikin bota zalla. Wanda ya fi son man shanu sai ya yi amfani da soyayye wanda ya huce, ya kuma rage yawansa zuwa rabi saboda ƙarfin ƙamshinsa. Ɗanyen man shanu da aka kaɗa daga madarar da ba a dafa ba bai dace da haɗin da ba za a ɗora a wuta ba.

Ban da burodi, man fiya na tafiya da gurasa, dafaffiyar doya, dankalin Hausa, gasasshiyar masara da gasasshen kifi. Ana ɗora shi ne bayan an sauke abinci, domin fiya kan yi ɗaci idan ta daɗe a wuta. Masu son yaji na iya barbaɗa garin barkono ko yajin ƙuli a kai.

Dalilin baƙi da maganinsa

A cikin tsokar fiya akwai wani sinadari da ke haɗuwa da iskar oksijin ya mai da ita ruwan ƙasa da zarar an yanka. Tsami na rage ƙarfin wannan sinadari, shi ya sa lemun tsami ya zama dole a haɗin. Mataki na biyu shi ne hana iska shiga: a lailaye saman haɗin, a manna masa leda mai tsabta ta taɓa shi kai tsaye, sannan a rufe. Ajiye ƙwallon a tsakiyar kwano, kamar yadda wasu ke yi, wurin da ya rufe kawai yake karewa. Idan sama ya ɗan yi duhu alhali ƙamshi bai sauya ba, ana iya kankare shi a ci na ƙasa.

Ajiya da tsabta

Haɗin fiya zalla ya fi kyau a cinye shi a ranar, ko washegari idan yana firji. Mai bota kan kai kwana uku a firji mai sanyin digiri 4 ko ƙasa. A sashen ƙanƙara yana iya kai wata biyu zuwa uku, idan an raba shi ƙanana-ƙanana yadda za a riƙa ciro na ci ɗaya. Duk wannan lissafi ya dogara ne da tsayayyar wutar lantarki. Ƙa'idar masana tsabtar abinci ita ce kada irin wannan abinci ya wuce awa biyu a waje, ko awa ɗaya idan zafi ya haura digiri 32, wanda shi ne yanayin yawancin biranen Arewa a bazara. Inda wuta ba ta da tabbas, haɗa daidai abin da iyali za su cinye a zama ɗaya shi ne mafita. Ma'aikacin da zai tafi da shi ofis ko ɗan kasuwar da zai kai shi shago gara ya ɗauki fiyar da ɓawonta da rabin lemun tsami, ya haɗa a lokacin ci.

Wanke ɓawo yana da dalili. A rahoton da Hukumar Kula da Abinci da Magunguna ta Amurka ta fitar a 2018, an samu ƙwayar cutar listeriya a ɓawon fiye da kashi 17 cikin 100 na fiyar da aka gwada, kuma wuƙa na iya jan ƙwayar zuwa ciki. A 2022 hukumar ta yi gargaɗi kan ajiye fiya cikin ruwa a firji, dabarar da ta yaɗu a kafafen sada zumunta, domin ƙwayar na iya hayayyafa a ruwan. Mata masu juna biyu da tsofaffi su ne wannan cuta ta fi yi wa illa.

Waɗanda ya kamata su yi hattara

Masu ciwon ƙoda da aka hana su yawan fotasiyam su nemi shawarar likita kafin su mai da fiya abincin kullum. Haka ma masu shan maganin tsinka jini na warfarin, saboda bitamin K da ke cikinta. Wanda jikinsa ke ƙaiƙayi ko kumburi idan ya sa safar hannu ta roba na iya samun irin wannan matsala da fiya da ayaba. Mai neman rage ƙiba kuma ya tuna cewa rabin babbar fiya ya ishi mutum ɗaya.

Akwai kuma gargaɗi ga masu kiwo a cikin gida. Ganyen fiya da ɓawonta da ƙwallonta na ɗauke da sinadarin fersin, wanda ke cutar da tsuntsaye, zomaye, awaki, shanu da dawaki, har ya kan kai ga kisa. Don haka ba a haɗa ɓawon fiya da dusa ko ragowar abincin da ake zuba wa dabbobi. Kwandon shara mai murfi ne wurinsa.