Tashe

tashe (suna, namiji, ba shi da jam'i)

1. Wasan kwaikwayo na gargajiya da yara da samari ke yi gida-gida da dare a watan azumi, daga goma ga wata. Asalinsa tayar da mutane ne su yi sahur.

A cikin birnin Zariya, bayan an sha ruwa da ƙosai da kunun tsamiya, sai ƙungiyoyi su bazu a lungunan Kwarbai da Babban Dodo. Yaro ya liƙa gemun auduga, ya cusa tsumma a riga ya yi tumbi, yana dogara sanda kamar tsoho. Wani ya fito a Jatau mai magani da tarkacen saiwoyi. 'Yan mata kuwa sukan kife ƙwarya a ruwa su kaɗa. Dariya ake yi, amma habaici ne ga marowaci, malalaci da tuzuru. Akan ba 'yan tashen hatsi ko kuɗi.

*Misali:* "Baƙo, kada ka kwanta da wuri, 'yan tashe na tafe."

2. Yin suna a wani lokaci: "Mawaƙin nan yana tashe bana."