MURHU A CIKIN MURHU

Uwargida, kin dai san yadda hayaƙin itace ke sa ido hawaye da ƙirji tari. To, wannan matsala ba yau ta fara ba, kuma ba mu kaɗai ta dama ba.

A Amurka, kusan shekaru 300 da suka wuce, gidaje suna da wani wawakeken murhu na bulo a jikin bangon ɗaki, da doguwar kafar hayaƙi da ta ɓulle ta saman rufi. Nan matar gida ke girki, nan iyali ke jin ɗumi, don sanyin ƙasarsu har ruwa yake daskararwa. Sai dai murhun nan akwai cin itace kamar gara, kuma yawancin zafin bin hayaƙi yake ya fice. Gaban mutum ya gasu, bayansa na karkarwar ɗari. Ga itace kullum sai tsada yake a birnin Filadelfiya, saboda an sare dazuzzukan kusa.

Wajen 1742 sai wani mutumin birnin, Benjamin Franklin, ya kawo dabara: kada a rushe tsohon murhu, a tura akwatin ƙarfe cikinsa, a hura wutar a ciki. Ƙarfen ya ɗau zafi ya riƙa watsa shi cikin ɗaki, itace kaɗan ya wadatar. A 1744 ya buga ɗan littafi yana bayanin yadda ake girka shi. Gwamnan yankin ya yi masa tayin a ba shi izinin sayarwa shi kaɗai, ya ƙi, don kowa ya amfana.

Amma fa an samu cikas. Franklin ya tsara hayaƙi ya fara nutsawa ƙasa kafin ya hau, alhali shi hayaƙi sama ya sani. In kafar ta yi sanyi, sai ya dawo ya turnuƙe ɗaki. Shi ya sa murhun bai yi kasuwa sosai ba, sai da wasu daga baya, irin su David Rittenhouse, suka gyara masa hanyar hayaƙi.

Har gobe hayaƙin girki yana kashe miliyoyin mutane a duniya duk shekara, kuma mata da ƙananan yara ne suka fi shaƙarsa. Don haka 'yar uwa, in za ki sake murhu, kada tanadin itace kaɗai ya ruɗe ki. Fara tambayar kanki: ta ina hayaƙin zai fita?