Gaɓar Tagulla: Dutse da Gumin Mahaƙa

A kudancin ƙasar Ayilan, cikin gundumar Waterford, akwai wata gaɓar teku da ake kira Copper Coast, wato Gaɓar Tagulla. Ta shiga ƙungiyar gandayen duwatsun tarihi ta Turai a 2001, kuma tun 2015 take cikin jerin irin waɗannan gandaye na hukumar UNESCO. Masana ilimin ƙasa suna tururuwa can saboda duwatsun da aman wuta ya zubo a ƙarƙashin teku kimanin shekara miliyan 460 da suka wuce, da kuma jan dutsen yashi da ya kwanta a kansu daga baya, lokacin da yankin yake busasshiyar ƙasa. Gado ne babba, ba shakka. Amma a ganina abin da ya fi ɗaga darajar wurin shi ne shekara hamsin da talakawa suka yi suna haƙar tagulla a cikinsa, kuma waɗanda suka haɗa labarin mahaƙa da na dutse a gandu guda sun yi daidai.

Dalili kuwa, dutsen ne ya haifi garin mahaƙan. Ruwan zafi mai ɗauke da ma'adinai ya taɓa ratsa tsagogin duwatsun nan ya bar jijiyoyin tagulla, har yau ana ganin kore da shuɗi sun ɓata bangon ramukan. Waɗannan jijiyoyi ne suka jawo kamfanin haƙar ma'adinai na Ayilan, wanda aka kafa a 1824, ya soma aiki a Knockmahon kusa da ƙauyen Bunmahon. Kafin 1840 ma'aikata sun haura dubu. Maza suna sauka rami da kyandir, suna bin jijiya duk inda ta nufa, har ta kai su ƙarƙashin tekun kansa. A sama kuma mata da yara suna farfasa dutse da guduma, suna tsince mai kyau. Daga nan a loda wa jiragen ruwa su kai Swansea a ƙasar Wales, inda ake narkarwa, saboda can gawayin kwal yake. Da ramukan farko suka yi zurfi ruwa ya fi ƙarfinsu, sai aiki ya koma Tankardstown wajen 1850, aka gina ɗakin injin tururi irin na mutanen Cornwall don zuƙe ruwa. Kangonsa da dogon bututun hayaƙinsa suna nan tsaye a bakin gaɓa.

Wani zai ce ai gandun duwatsu na kimiyya ne, me ya haɗa shekara miliyoyi da rabin ƙarni na wani kamfani? Amsar tana cikin ramukan. Inda jijiya ta yi kauri gidaje sun cika da mutane, inda ta tsinke albashi ya tsinke. Da ta ƙare, ga kuma tagulla mai araha tana shigowa kasuwa daga Chile da wasu ƙasashe, aikin ya mutu kafin 1880, iyalai suka kwashe zuwa Amurka, da yawa suka faɗa mahaƙun Michigan da na Butte a jihar Montana. Wanda ya san yadda dutsen yake kwance zai gane dalilin tashin garin da watsewarsa.

Sukar da ta fi nauyi ita ce wadda ke cewa ana yi wa wahala kwalliya don masu yawon buɗe ido. Gaskiya ne rayuwar mahaƙan ta yi tsanani, cunkoso da ciwo da haɗari, ga babbar yunwar da ta soma a 1845 ta riske su suna cikin rami. Hoton kango da faɗuwar rana ba ya nuna ko ɗaya daga ciki. Sai dai barin wurin bai taɓa kare martabar kowa ba: da an bar shi, iskar teku da ciyawa sun gama da ginin, labarin ma ya bi shi. Mutanen yankin ne da kansu suka taso da maganar gandun, aka gyara kangon Tankardstown, aka mai da tsohuwar majami'a a Bunmahon cibiyar baƙi. Haƙƙin da ke kansu yanzu shi ne duk baƙon da aka nuna wa shekarun dutse a gaya masa har da yaran da suka farfasa shi.