Ado Ahmad Gidan Dabino: Daga Makarantar Dare Zuwa Lambar Girma ta Ƙasa

A mujallarmu ta bana mun ga ya dace mu waiwayi tarihin wani marubuci da matasa suka yi rububin littattafansa, wato Malam Ado Ahmad Gidan Dabino. Ba ɗan Bebeji ko Kiru ko Tudun Wada ko Doguwa ba ne, amma ɗan karkarar Kano ne kamar mu, kuma hanyar da ya bi ya sami ilmin boko ta shafi dubban yaran da muka baro a gida.

An haifi Ado Ahmad a 1964 a ƙauyen Ɗanbagina da ke ƙasar Dawakin Kudu, ya tashi a unguwar Zangon Barebari cikin birnin Kano. Karatun allo da na littattafan addini ya fara yi, bai shiga firamare da ƙuruciya ba kamar yadda wasu tsararrakinsa suka yi. Sai a 1984, yana da shekara ashirin, ya shiga ajin manya na yamma, daga nan ya zarce sashen yamma na makarantar sakandare ta Warure. Bayan shekaru kuma ya je Jami'ar Bayero ya sami difloma a fannin aikin jarida.

Zamanin da ya taso a ciki ya taimake shi. A 1976 aka ƙaddamar da shirin ilmin firamare kyauta na UPE, yara suka cika ajujuwa har a ƙauyukanmu, mu kuma aka yaye mu daga kwalejojin horon malamai domin mu koyar da su. A 1980 gwamnatin Alhaji Muhammadu Abubakar Rimi ta kafa Hukumar Ilmin Manya ta Jihar Kano. Kafin a cika shekara goma, ƙasar Kano ta cika da samari da 'yan mata da matan aure waɗanda suka iya karatun Hausar boko, sai dai babu abin karantawa da ya shafe su. Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Shaihu Umar, waɗanda suka fito daga gasar da Rupert East ya shirya a 1933, littattafai ne masu daraja, amma labarin wani zamani suke bayarwa. Kamfanin NNPC na Zariya ya yi gasa wadda ta fito da So Aljannar Duniya na Hafsat Abdulwaheed a 1980, to amma matsin tattalin arzikin shekarun 1980 ya raunana manyan kamfanonin ɗab'i.

Da matasan marubuta suka ga ƙofa ta rufe, sai suka haƙa tasu rijiyar. Mutum ya rubuta labarinsa, ya tara kuɗinsa, ya kai ƙaramar maɗaba'a, sannan ya ɗauki littafin ya kai wa 'yan kasuwa. A haka Ado Ahmad ya fitar da In Da So Da Ƙauna a 1991. Labarin Sumayya ne, 'yar masu hali, wadda ta kamu da son Muhammad, saurayi talaka, danginta kuwa suka nace sai ta auri mai kuɗi. Ba a yi masa ado da aljanu ko yaƙe-yaƙe ba. Abin da ke faruwa a gidajen mutane ya ɗauko, auren dole da fifita dukiya a kan hali, ya kuma rubuta shi da Hausar da matasa ke yi a dandali. Wannan ne sirrin karɓuwarsa. Mu da muke riƙe da makarantu a lokacin shaida ne: kwafi ɗaya zai shigo gari daga Kano, ya zaga hannu goma ko fiye, har bangonsa ya yage. Daga baya aka fassara shi zuwa Turanci, a 1994 kuma aka mayar da shi fim, a daidai lokacin da sana'ar finafinan Hausa ke tatata a Kano.

Bai tsaya nan ba. Ya biyo da Masoyan Zamani da Hattara Dai Masoya da Wani Hani Ga Allah da Duniya Sai Sannu da Kaico! Ya kuma jagoranci ƙungiyar marubuta ta Raina Kama, inda suka haɗu da irin su Hajiya Balaraba Ramat Yakubu da Ɗan'azumi Baba, suna tallata littattafan juna.

Sai dai tafiyar ba ta rasa ƙaya ba. Wasu masana sun raɗa wa irin waɗannan littattafai suna Adabin Kasuwar Kano, suka ce ba za su daɗe ba. Iyaye da malamai da yawa sun zarge su da ɗauke hankalin ɗalibai, aka shafe shekarun 1990 ana muhawara a jaridu, inda Farfesa Abdalla Uba Adamu ya tsaya kan cewa su ne suka koya wa jama'a ɗabi'ar karatu. A 2007 har ƙona wasu littattafan aka yi a Kano, kuma a cikin wannan guguwa Ado Ahmad ya shugabanci reshen Kano na Ƙungiyar Marubuta ta Nijeriya. Lokaci ya yi alƙalanci. A 2009 wasan kwaikwayonsa Malam Zalimu ya lashe gasar tunawa da Injiniya Muhammad Bashir Ƙaraye, maƙwabcinmu, sannan a 2014 Gwamnatin Tarayya ta ba shi lambar girma ta ƙasa, MON.

To, me wannan tarihi ke faɗa mana? Ƙasarmu ta yi suna a fatauci, domin a Bebeji aka haifi Alhassan Ɗantata a 1877. Ta yi suna a noma, ga madatsar ruwa ta Tiga, ga kuzar Riruwai, ga dajin Falgore. Amma alƙalami bai sami irin wannan gata a wurinmu ba. Daga Kwanar Ɗangora zuwa Doguwa akwai samari 'yan shekara ashirin waɗanda suka sauke Alƙur'ani, suna da basira da iya zance, amma an riga an yanke musu hukuncin cewa boko ya wuce su. A daidai waɗannan shekaru Ado Ahmad ya zauna a benci ya fara, kuma bayan shekara bakwai matasan ƙasar Hausa suna karanta littafinsa. Abin da ya samu shi ne aji a buɗe da yamma da malamin da zai koyar da shi.

Saboda haka muna kira ga wannan ƙungiya tamu mai albarka da ta sanya abu biyu cikin ayyukanta. Na farko, ajin yamma na manya a kowace gunduma. Ajujuwan firamare a rufe suke bayan la'asar, kuma tsofaffin malamai da suka yi ritaya suna nan a shirye, alli da fitila da ɗan alawus kawai ake bukata. Na biyu, ƙaramin ɗakin karatu mai ɗauke da littattafan Hausa, na da da na yanzu, waɗanda malamai suka tantance, tare da gasar rubuta gajeren labari tsakanin makarantunmu sau ɗaya a shekara. Duk wanda zai zo gida hutun salla, ya sako littafi biyu a jakarsa tare da tsarabar da ya saba.

Allah Ya ƙara wa Malam Ado lafiya da nisan kwana, Ya kuma fito mana da irinsa daga cikin 'ya'yanmu, amin.