Furen Usambara da Tukunyarsa

A bakin madatsun ruwan Wagadugu, ba nisa da Larle, masu renon shuke-shuke kan jera dashensu cikin baƙaƙen ledoji a tsakar rana. Akwai wani ɗan fure da ba zai jure wannan zama ba, alhali shi ne duniya ta laƙaba wa sunan nahiyarmu. Turawa na ce masa bayolet ɗin Afirka, masana kuma Saintpaulia. Ganyensa mai kauri ne da gashi-gashi, furensa shuɗi mai sirkin ja. Wanda ya samu tukunya guda ya ajiye ta a tsakar gida cikin zafin Afrilu, da sunan ai ɗan gida ne, zai tarar da shi a ƙone.

Asalinsa duwatsun Usambara ne, ƙasar Shambawa, a arewa maso gabashin Tanzaniya ta yau. A 1892 wani jami'in mulkin mallakan Jamus da ke riƙe da gundumar Tanga, Walter von Saint Paul-Illaire, ya ci karo da shi, ya aika wa mahaifinsa irin a Jamus. Shekara uku kacal ke nan da Jamusawa suka rataye Abushiri a Pangani, bayan boren mutanen gaɓar tekun. Mu a nan kuwa saura shekara huɗu Voulet ya shigo Wagadugu, Mogho Naaba Wobgo ya bar gari; Voulet ɗin nan dai da ya je ya haɗu da Sarauniya Mangu a Lugu. Zamanin ke nan da Bature ke kwasar ƙasa da abin da ke cikinta, har ciyawa.

Mahaifin ya miƙa shukar ga Hermann Wendland na lambun Herrenhausen a Hanoba. A 1893 Wendland ya raɗa mata suna Saintpaulia ionantha don karrama gidansu jami'in, a shekarar kuma aka baje ta a kasuwar furanni ta Gent a Beljiyam. Shambawan da suka rayu da ita tun kaka da kakanni, sunansu bai shiga takarda ba.

Amurka ce ta mai da ita haja. Kamfanin Armacost da Royston na Los Anjalas ya sayo iri daga Jamus da Ingila, a 1936 ya fitar da zaɓaɓɓun nau'i goma. A 1946 har ƙungiyar masoyanta aka kafa. Yau nau'o'inta dubbai ne.

To, me ya haɗa wannan tarihi da sauya tukunya? A can Usambara furen ba a fili yake tsirowa ba. Cikin tsagar dutse yake maƙalewa, a inuwar manyan itatuwa, inda ruɓaɓɓen ganye ya taru ɗan kaɗan, ruwa ya sauka ya wuce. Saiwarsa siririya ce, ba ta nutsewa. Fiye da shekara ɗari a tagogin Turai ba su sauya masa wannan hali ba. Shi ya sa masu kiwonsa ke cewa faɗin tukunya kada ya wuce kashi ɗaya bisa uku na faɗin ganyen. Mu kuwa mun saba da mangwaro da dogonyaro, ganinmu babban mazubi shi ne gata. A wurinsa ajali ne: ƙasar da saiwa ba ta kai gare ta ba sai ta riƙe ruwa, gindin ya ruɓe. Jar ƙasarmu mai danƙo ma haka. Ƙasa mara nauyi yake so, da tukunya mai huji a gindi.

Sau ɗaya ko biyu a shekara ake sauya masa ƙasa, sau da yawa a mayar da shi tukunyarsa ta da. Idan ganyen ƙasa suka zube, kara ya fito tsirara kamar wuyan zakara, sai a rage saiwar daga ƙasa, a nutsar da wuyan cikin sabuwar ƙasa, ya fitar da wata saiwar. Ruwan randa mai sanyi in ya taɓa ganyen yakan bar tabo, don haka ta gindi ake shayar da shi. Ganye guda da aka tsinka aka dasa yana haifar da sabuwar shuka, kuma wannan sauƙin ne ya cika kasuwannin duniya da shi.

A gidansa na asali kuwa saran daji don noma da katako ya ci inuwar da yake fakewa, har wasu jinsunansa sun shiga jerin masu fuskantar ƙarewa. Tanzaniya ta keɓe dajin Amani a 1997. A 2015 masana suka haɗe shi da dangin Streptocarpus, amma masu sayarwa har gobe da sunan jami'in Tanga suke kiransa.