Johnny Sekka a Matsayin Bilal: Nauyin Mataimakin Jarumi a Fim ɗin Al-Risala

A shekara ta 10 bayan Hijira, Manzon Allah (SAW) ya yi huɗubar ban kwana a filin Arfa. Da ya kammala, Bilal ɗan Rabah ne ya kira salla, aka haɗa Azahar da La'asar. A kan wannan Hajji ne Moustapha Akkad ya naɗe labarin fim ɗinsa na 1976, wato The Message, wanda aka fi sani da Al-Risala. Wannan maƙala ta dubi tarihin Johnny Sekka, wanda ya fito a matsayin Bilal a zubin Turanci, domin nuna yadda fim ɗin ya ɗora wa mataimakin jarumi nauyin da masana'antar Ingila ta daɗe tana hana baƙar fata.

An haifi Lamine Secka a Dakar a 1934, ya tashi a Gambiya. Ya ɓuya a jirgin ruwa zuwa Marseille, ya zauna a Faransa, sannan ya isa Landan a 1952. Bayan ya yi aiki da rundunar sojan sama ta Ingila, ɗan wasa Earl Cameron ya ja hankalinsa zuwa dandamali. Fim ɗin Flame in the Streets na 1961 ya fito da shi a matsayin malamin makaranta baƙar fata mai neman auren Baturiya, har aka yi zaton tauraronsa ya haska.

Sai dai abin da ya biyo baya ya saɓa wa zaton. A Woman of Straw na 1964 bara ya fito. A Khartoum na 1966 ya zama Khaleel, baran Janar Gordon, alhali Laurence Olivier, Bature, shi aka shafe wa fuska ya fito a matsayin Mahadi. Ke nan ko a labarin da ya faru a Sudan, ɗan Afirka na ainihi aikinsa hidima ne, shugabancin Afirka kuwa aka bar wa Bature.

Al-Risala ya zo da tsari na daban, kuma dalilinsa na addini ne. Ba a nuna Manzon Allah (SAW) ba, ba a ji muryarsa ba, haka kuma ba a nuna Halifofi huɗu ba. Malaman Azhar sun amince da rubutun labarin, amma Rabiɗa ta Makka ta ƙi. An gina kwatankwacin Makka a Maroko, daga baya aka ƙarasa ɗauka a Libiya. Tun da yake wanda labarin ke kewayawa a kansa ba ya bayyana, dole saƙon ya fito ta bakin Sahabban da aka yarda a nuna. Babban jarumi Anthony Quinn ya fito a matsayin Hamza, wanda ya yi shahada a Uhudu, saboda haka saura labarin ya rataya a wuyan mataimaka.

A nan ne Sekka ya samu fili. Mai kallo ya ga Bilal bawa ne a hannun Umayya ɗan Khalaf, an danne masa ƙirji da dutse a cikin rana, ya ƙi barin tauhidi. Ya gan shi ladani na farko a Madina, sannan ya gan shi bisa Ka'aba yana kiran salla ranar buɗe Makka. Mutumin da aka saba ba shi matsayin bara a gefen labari, ga shi bautar da ya fito a cikinta da 'yancin da ya samu sun zama hujjar fim ɗin a kan daidaiton 'yan Adam. Earl Cameron ma yana ciki, a matsayin Najashi, Sarkin Habasha.

Wannan nasara ba ta mai da Sekka babban jarumi ba. A Amurka ya fito a matsayin tafinta ɗan Gambiya a Roots: The Next Generations na 1979, da likita a Babylon 5 a 1993. Ya rasu a Kalifoniya a 2006.

Tarihinsa darasi ne ga manazarta finafinan Hausa, waɗanda suka fi karkata ga jarumai da daraktoci. Ƙimar mataimakin jarumi tana ga irin nauyin da tsarin labari ya ɗora masa, kuma da wannan ma'auni ya kamata a sake duba waɗanda suka fito a gefen Umaru Ladan a Shaihu Umar na Adamu Halilu, wanda shi ma ya fito a 1976.